Mawaƙi ba murya: yaƙin Turoya a sinimar bebe

A shekara ta 1911 kamfanin Itala Film na birnin Turin, a Italiya, ya fitar da La caduta di Troia, wato faɗuwar birnin Turoya, wanda Giovanni Pastrone da Luigi Romano Borgnetto suka shirya. Tsawonsa bai wuce rabin awa ba. Fim ɗin ya buɗe da Homer riƙe da abin kiɗa yana rera wa jama'a labarin mazan jiya. Ga mawaƙi, ga masu saurare, amma babu murya. A ganina, duk matsalar fim ɗin tana cikin wannan hoto.

Waƙar Iliyad waƙar magana ce. Da fushin Ashil ta fara, da jana'izar Hektor ta ƙare, kuma tsakaninsu jarumai suna kirari, suna gori, suna roƙo. Dokin katako da kowa ya sani ba ya cikinta ma. A waƙar Odise da kuma wajen Birjil, mawaƙin Rum, ake samunsa. Amma dokin ne Pastrone ya runguma, shi da sace Helen da gobarar birni, domin su ne ido ke iya ɗauka ba tare da kunne ba. Nan kuwa ya yi bajinta: ganuwa ginanniya maimakon zane a ƙyalle, taron ɗaruruwan mutane, doki mai girman soro ana jan sa zuwa cikin gari. Wanda ya kalli wannan ba zai yi mamakin Cabiria, da ya fitar a 1914, ba.

Sai dai ina dare nan da tsoho Piriyam ya shiga zangon abokan gaba, ya sumbaci hannun da ya kashe ɗansa, yana roƙon gawa? Na'urar ɗaukar hoto tana tsaye can nesa, fuska ba ta fitowa, allon rubutu kuma layi biyu ne. Sai yaƙin ya zama abin kallo, baƙin cikinsa ya ɓace.

Bajamushe Manfred Noa ya fi haƙuri. Fim ɗinsa Helena, na 1924, kashi biyu ne, ya haura awa uku, ya ba Ashil da Hektor filinsu. Malamin da zai nuna wa ɗalibai ɗaya daga cikin biyun, na Noa zan ba shi shawara, da sharaɗin a karanta musu babi na 24 na Iliyad da babbar murya kafin a kashe fitila.