Kundin Itatuwa da Masu Raina Shi

Littattafan da ake yayi a kan itatuwa a 'yan shekarun nan kusan duk manufarsu ɗaya: su sa ka tausaya wa bishiya. Jagoransu shi ne na Peter Wohlleben, wani ma'aikacin gandun daji a Jamus, wanda ya fito a 2015 yana bayanin yadda itatuwa ke shayar da 'ya'yansu, suna jinyar marasa lafiyarsu, suna gargaɗin juna in ƙwari sun kawo hari. Sai na Suzanne Simard 'yar Kanada a 2021, da ƙagaggen labarin Richard Powers da ya ci kyautar Pulitzer a 2019. Masu sharhi sun yi ta kambama su, kuma a cikin yabon sukan yi wa tsohon salo shaguɓe, wai kafin zuwan waɗannan, littafin bishiya busasshen kundi ne, jerin sunaye da amfani, wanda ba ya ganin komai a jikin itace sai katako da magani. To, wannan busasshen kundin nake son karewa. A ganina ya fi su sanin bishiya, ya kuma fi su iya rubutu.

Salon ya tsufa. Theophrastus, almajirin Aristotle, ya tsara tsirrai yana tambayar masu saran itace da masu haƙar saiwa. Abu Hanifa al-Dinawari ya rubuta Kitabun Nabati a ƙarni na tara, yana tattara abin da Larabawan ƙauye suka sani. John Evelyn ya fitar da nasa a Ingila a 1664, lokacin da hukuma ke fargabar ƙarancin katakon jiragen ruwan yaƙi. Wanda ya shafe mu kai tsaye shi ne J. M. Dalziel, likita ɗan Sikotilan da ya yi aiki a Arewacin Nijeriya: ƙamus ɗinsa na sunayen tsirrai da Hausa ya fito a 1916, babban kundinsa na amfanin tsirran Afirka ta Yamma kuma a 1937, wanda H. M. Burkill ya faɗaɗa zuwa mujalladai da dama tun daga 1985.

Dabarar da ta riƙe irin wannan littafi guda ce, kuma saboda sauƙinta ne ake raina ta. Marubuci yakan ɗauki bishiya ɗaya ya bi ta gaɓa-gaɓa, saiwa, ɓawo, itace, ganye, fure, 'ya'ya, a kowace gaɓa ya tsaya ya faɗi abin da ake yi da ita. Ba ya siffanta kyawunta, ba ya gaya maka abin da ya ji a ransa. Jimlolinsa kusan duk da "ana" suke farawa: ana jiƙawa, ana dakawa, ana shanyawa. Amma a bayan kowane "ana" akwai hannun wani, kuma kafin a gama shafi ɗaya, mai karatu ya zaga gari guda.

A ɗauki ɗorawa. Garin nan rawaya da ke cikin kwanso na yara ne da matafiya, ana lasa ko a dama. Kalwa ta mata ce: a dafa ta ta yi laushi, a cire ɓawo, a wanke, a rufe ta ruɓa, a kirɓa, a fitar da daddawa, wadda ke tafiya kasuwanni masu nisa da gindin uwarta. Kwanson da aka fasa ba shara ba ne, shi ake jiƙawa a sami makuba, wadda magina ke yaɓe katanga da ita, masu daɓe kuma su yayyafa wa ƙasa ta yi ƙarfi ta yi sheƙi. Ɓawon jikinta na masu magani ne. Ga yaro, ga mai daddawa, ga magini, ga mai magani, duk a gindin itace ɗaya, kuma marubucin bai ce uffan a kan "zamantakewa" ko "tattalin arziki" ba. Jerin gaɓoɓin ne ya jera masa mutanen. Marubucin labari zai ci babi uku kafin ya haɗa waɗannan mutane wuri ɗaya, kuma sai an ga ɗinkin.

Abin da ya fi burge ni a dabarar shi ne ba ta fifita wani amfani a kan wani. Igiyar da ake tufkawa da ɓawon kuka tana zaune a layi ɗaya da miyar kuka, babu wadda aka ɗaga. A shafin bagaruwa, maganin gudawa yana maƙwabtaka da jima, alhali jimar nan ce ta sa jar fatar akuyar Sakkwato ta ƙetare Sahara har Turawa suka riƙa sayenta da sunan fatar Maroko. Marubucin zamani da ya ci karo da wannan zai mayar da shi kanun babi, ya buga ganga. Kundi yakan ajiye shi cikin rabin jimla ya wuce zuwa ƙaro. Wannan kamewar ita ce fasahar, domin tana barin mai karatu ya yi mamakin da kansa. Haka za ka tarar da aduwa: tsakanin 'ya'yan da ake tsotsa da man da ake tatsa daga ƙwallonta, sai a ce da itacenta ake sassaƙa allo, shi ke nan. Duk wanda ya taɓa wanke allo ya san an faɗi abu babba.

Akwai kuma lokaci. Ana zargin kundi da cewa hoto ne a tsaye, ba ya motsi, amma wanda ya faɗi haka bai karanta da kyau ba. Kowace gaɓa da lokacinta: furen ɗorawa da rani, 'ya'yan kaɗanya da farkon damina lokacin da rumbu ya yi ƙasa, muruci bayan an binne ƙwallon giginya watanni. Gawo kuwa nan ne dabarar ta fi nuna kanta. Bayaninsa gajere ne: yana zubar da ganye da damina, yana fitar da shi da rani, dabbobi na cin 'ya'yansa, gero na kyau a ƙarƙashinsa. Jimloli huɗu, ba a haɗa su da "saboda haka" ba. Sai kai mai karatu ka haɗa: babu inuwar da za ta danne shuka da damina, shanu sun taru a inuwarsa da rani sun bar taki, ganyen da ya zuba ya ruɓe daidai lokacin da ƙasa ke bukata. Ilimin gona cikakke ke nan, an miƙa maka shi a warwatse don ka ɗaure da hannunka.

Masu suka na biyu sun fi na farko hujja. Suna cewa irin littafin Dalziel lissafin ganima ne, Bature yana ƙidaya abin da za a kwasa, kuma bai rubuta sunayen masu magani da majema da matan da suka koya masa ba. Rashin sunayen laifi ne, ban musa ba. Amma batun ganima ba ya tsayuwa in an buɗe littafin. Wane kamfanin Liverpool ne ke bukatar sanin da wane itace ake sassaƙa taɓarya, ko wane gawayi maƙera suka fi so?  Ko da wace niyya aka sa Dalziel aikin, tsarin bin bishiya gaɓa-gaɓa ya tilasta masa rubuta rayuwar talaka, domin yawancin gaɓoɓin bishiya talaka ne kaɗai ke da aiki da su.

Littattafan tausayi fa? Ba na hana kowa jin daɗinsu, kuma Wohlleben ya iya ba da labari. Sai dai masana gandun daji a ƙasarsa sun yi takardar koke a kansa a 2017, a 2023 kuma wasu masu bincike uku, cikinsu har da Justine Karst, suka sake duba nazarce-nazarcen da ake kafa hujja da su a kan cewa manyan itatuwa na ciyar da ƙanana ta zaren naman gwari da ke ƙarƙashin ƙasa, suka ce an yi wa maganar gishiri fiye da abin da aka tabbatar. Ni damuwata ma ba nan take ba. Dajin da ke cikin waɗannan littattafai daji ne da ya fi son a bar shi, mutum a cikinsa ko mai ɓarna ne ko mai yawon kallo. Wannan ƙila ya dace da tsaunukan Jamus. A ƙasar da bishiya ke tsaye a tsakiyar gona, tana da mai ita, ana gadonta, har a sayar da gona a ware ta, wannan tunanin ba shi da wurin zama.

Domin a Sahel bishiyar da ake mora ita ce ke rayuwa. Michael Mortimore ya shafe shekaru yana nazarin karkarar Kano mai cunkoson jama'a, ya nuna manoma na riƙe da itatuwan gonakinsu duk da yawan mutane da bukatar makamashi. A Maraɗi kuwa, Tony Rinaudo ɗan Ostareliya ya sha wahalar dashen da ba ya kamawa, sai a 1983 ya lura cewa ƙananan tsiron da ake sassabewa kowace shekara tohon kututturan itatuwa ne masu rai. Aka fara barin 'yan rassa kaɗan a kowane kututture ana gyara su, abin da ake kira sassabin zamani. Ya bazu ne sosai bayan da manoma suka tabbatar cewa itacen da suka raina nasu ne, ma'aikacin gandun daji ba zai ci su tara a kansa ba. An ƙiyasta cewa hekta miliyan 5 ta farfaɗo ta wannan hanya a kudancin Nijar, da itatuwa wajen miliyan 200. A gwada wannan da shahararren labarin Jean Giono na 1953, na makiyayin da ya shuka daji shi kaɗai don Allah, wanda har yau ake karantawa a bukukuwan dashen itatuwa. Makiyayin nan ƙagagge ne, Giono da kansa ya faɗa. Manomin Maraɗi kuwa da ya tsaya a kan kututture da adda a hannu, tambayoyin da yake yi kafin ya sare ko ya bari su ne na kundi: wannan ganyensa na ci ne, akuya na sonsa, yana yin dirka, zai danne min gero? In amsar gawo ce ko aduwa, ya bari. In ba ta da shafi a kansa, ya sare.