Lennart Hyland: Gwani a Fagen da Babu Abokin Karawa

Duk mai son auna gwanintar Lennart Hyland, sai ya fara auna faɗin filin da aka bar masa. An haife shi a Tranås a 1919, kuma a rediyo ya yi suna kafin talabijin ta fara aiki sosai a ƙasar Suwidin a 1956. Ta cikin shirinsa na Karusellen ne, a 1954, ya sa magidanta suka karɓi aikin gida na yini guda domin matansu su huta. Murya ɗaya tal ta juya ƙasa baki ɗaya.

Shirin da ya fi ɗaukaka shi, Hylands hörna, wato Kusurwar Hyland, ya koma talabijin a 1962. Waƙa ce da hira da barkwanci, amma hikimarsa ita ce sauko da manya daga kan karaga. A wannan shekarar Firayim Minista Tage Erlander, wanda ya shekara 16 kan mulki ana yi masa kallon mutum marar sakin fuska, ya zauna gaban Hyland ya ba da labarin ban dariya na wani fasto, cikin karin harshen yankinsu na Värmland. Kafin gari ya waye ya zama tamkar kawun kowa. Ana yaba wannan dare matuƙa, amma ni ina da ja. Babu tambaya mai zafi da ta sa jama'a suka ƙaunace shi, dariya ce kawai, kuma 'yan siyasa sun gane cewa raha ta fi bayanin manufa saurin shiga zuciya.

Ga kuma batun da masu yabonsa kan tsallake: har zuwa 1969 tashar talabijin ɗaya ce a Suwidin. Wanda ya ƙi kallon Hyland, sai dai ya kashe akwatin. Shi ya sa lokacin da ɗan wasa Per Oscarsson ya tuɓe har zuwa kamfai a shirin a Disambar 1966, yana jawabi kan jima'i, abin ya zama rigimar ƙasa, domin kowane falo ya gani a lokaci guda.

Wannan bai rage masa baiwa ba. Ya iya sa baƙo ya manta da kyamara. Sai dai da tasha ta biyu ta buɗe, masu kallo suka rabu, shirin ya ci gaba har 1983 a matsayin ɗaya daga cikin zaɓi.