Garin Da Ke Ƙarƙashin Gona: Nazarin Labaran Ɓacewa Da Dawowa

Wanda ya tashi daga Kano ya bi ta Gezawa zuwa Zakirai, hedikwatar ƙaramar hukumar Gabasawa, zai yi ta baza ido bai ga daji ba. Gona na bin gona, ƙauye na hango ƙauye, kowace tsamiya da ɗorawa da mai ita. Tun shekarun 1960 masanin labarin ƙasa Michael Mortimore ya yi nazarin wannan yanki saboda yawan jama'arsa da yadda ake noma ƙasarsa kowace damina ba hutu. To a wuri irin wannan, ina mai ba da labari zai kai gwarzonsa ya ɓace? A ganina, shi ya sa ƙofofin ƙasa suka fi kama hankalin yaran karkarar Kano: tsohuwar rijiya, kududdufi, kogon kuka, da suri.

Tsarin labaran kusan ɗaya ne. Wani ya faɗa rijiya, ko 'yan ruwa sun ja shi, ko ya yi makuwa da almuru a gindin tsamiya. Sai ga shi a wani gari, lungu na kai shi lungu, zaure na miƙa shi zaure, duk ƙofar da ya shigo ta in ya waiga ba ta nan. A ba shi masauki da abinci, ya yi abin da yake gani kwana biyu ne ko uku. Ranar da aka sako shi ya tarar an yi masa sadakar arba'in tun tuni.

Ba daga sama mai labari ya samo zanen garin ba. Duk yaron da ya taɓa ganin an fasa suri ya ga ramuka masu rassa, wani na ratsa wani, ga ɗakin uwar gara can ciki. Sauran kuma daga gidan sarauta ne, inda baƙo ke wuce soro bayan soro bai kai ga mai gidan ba. Haka 'yan bori suka tsara Jangare, birnin iskoki, wanda Joseph Greenberg ya ji labarinsa wajen Maguzawan Kano, Fremont Besmer kuma ya bayyana gidajensa 12 a littafinsa na 1983, da Sarkin Aljan Sulaimanu a kan gaba. Aljanun Bahaushe ma sai da aka yi musu sarki da fadawa.

Amma abin da ya fi cancantar nazari shi ne lokaci. A nan tasirin Musulunci a bayyane yake. Kowace Juma'a ana karanta Suratul Kahfi, mai ɗauke da ƙissar samarin da suka yi barci a kogo shekara 309, suka farka suna zaton yini ne ko wani yanki nasa. Suratul Baƙara kuma ta kawo wanda aka matar shekara 100 aka tashe shi, wanda malaman tafsiri da yawa suka ce Uzairu ne. Waɗannan ba tatsuniya ba ne, babu Musulmin da zai haɗa su da ita. Sai dai mai tatsuniya ɗan garin ne, a kunnensa ake tafsirin azumi, kuma ya ɗauki abu ɗaya ya riƙe: na ciki ba ya jin tafiyar zamani, sai wani abu daga waje ya tona masa. A bayanin masu tafsiri, kuɗin azurfar da aka aiki ɗaya daga cikin samarin kogon da shi sayen abinci ne ya nuna zamanin sarkin da aka buga shi ya wuce. Mutanen da suka ga fam da sule sun koma naira da kwabo a 1973, suka ga canjin kuɗi na 1984 da na 2023, ba sa bukatar dogon sharhi a kan wannan.

Abin lura, kusan kullum lissafin gefe ɗaya yake karkata: kaɗan a ƙasa, da yawa a sama. Haka yake a labarin Urashima Taro na Japan, haka a Rip Van Winkle na Amurka mai barcin shekara 20. Har gwaji ya goyi bayan tsofaffinmu. A 1962 wani Bafaranshe, Michel Siffre, ya shiga kogo ba agogo ba hasken rana ranar 16 ga Yuli. Da aka sanar da shi gwajin ya ƙare ranar 14 ga Satumba, a ƙidayarsa 20 ga Agusta ce. Mutum da rana yake ƙidaya, da kiran salla, da ranar kasuwa. A raba shi da su, lissafi ya tsinke.

Inda labaran namu suka bambanta shi ne wurin da suke ɗora nauyi. Mai labarin Bahaushe ba ya daɗewa wajen kwatanta abubuwan al'ajabin ƙasa, sauri yake ya kai ga dawowa. Nan ne masu sauraro ke gyara zama. Matarsa fa? Wa ke noma gonar? An raba gado? A ƙasar da taƙi ɗaya na iyakar gona kan kai 'yan uwa gaban alƙali, wannan ba wasa ba ne. Fiƙihun Malikiyya ma ya yi wa ɓataccen mutum babi. A Risala ta Ibn Abi Zaid, matarsa za ta jira shekara 4 bayan ta kai ƙara an bincika, sannan ta yi takaba, amma ba a raba dukiyarsa sai ya kai shekarun da irinsa ba ya wuce su a raye. Ke nan an san da mutumin da ba a raye yake a gida ba, ba a kuma ga kabarinsa ba. Ƙauyukan da ke sallamar 'yan cirani kowace kaka, da almajirai zuwa gabas, da mahajjatan da a da kan yi shekaru a hanyar Sudan, sun san shi da suna. Garin ƙarƙashin ƙasa hanya ce ta yin maganarsa a gaban yara ba tare da an fama wa wata gyambo ba.

Rubutaccen adabi ya gaji wannan tun farkonsa. A Ganɗoki na Bello Kagara, ɗaya daga littattafan gasar rubutu ta 1933 ta Rupert East a Zariya, jarumin ya yaƙi Turawa, ya faɗa duniyar aljanu, ya dawo ya tarar mulkin da ya yaƙa ya zauna daram, yara na makarantar boko. Duk sare-saren da ya yi can bai kai wannan dawowar nauyi ba.

Finafinan aljanu da littattafan yaƙi na yanzu sun ɗauki kogon, sun cika shi da hayaƙi da ƙwarangwal da dariyar mugunta, sai jarumi ya fito ya tarar da gida yadda ya bar shi, ko akuya ba ta haihu ba. Ɓawon aka ɗauka aka zubar da ƙwayar. Ɗaliban Hausa na Jami'ar Bayero da ke neman abin rubuta kundi, tsofaffin da suka iya waɗannan labarai har yanzu suna nan a ƙauyukan Gabasawa. A je da na'urar ɗaukar murya, a kuma bar su su kai ƙarshen labarin kafin a kashe ta.