An rubuta 8K a kwali, monita tana nuna 1080p: ina gizo yake saƙa?

Da PlayStation 5 ta fito a watan Nuwamba na 2020, kwalinta na ɗauke da alamar 8K da ta 4K 120, ɓaro-ɓaro, yadda ko daga nesa za ka hango su. Amma wanda ya kai ta gida ya jona ta da monita mai 1440p, irin wadda masu wasan gem a kwamfuta da yawa suke so a lokacin, sau da yawa 1080p na'urar take aiko masa. Ba wai monitarsa ce ta lalace ba. Na'urar ce ba ta san wannan lambar ba sam: abin da ke cikin saitinta shi ne 720p da 1080i da 1080p da 2160p, shi ke nan. Sai a watan Satumba na 2022, bayan kusan shekara biyu, Sony ta ƙara 1440p ta hanyar sabunta manhaja. Microsoft kuwa tun 2018 ta sa shi a Xbox One S da One X. Ita 8K ɗin da aka buga a kwali, PS5 ta asali ba ta aika ta zuwa allo ba, har dai Sony ta cire alamar daga sababbin kwalaye, sai PS5 Pro ta 2024 ce ta zo da ita.

Wannan tarihin kaɗai ya isa a yi ƙorafi. Sai dai matsalar ta fi jinkirin kamfani ɗaya zurfi, kuma sai mun ɗan shiga lissafi kafin a ga inda take.

Hoton da ke kan allo tarin ɗigo ne ƙanana, waɗanda ake kira fiksel. Allo mai 1080p yana da ɗigo 1920 a kwance da 1080 a tsaye, jimilla 2,073,600. Mai 1440p yana da 2560 sau 1440, wato 3,686,400. Mai 4K yana da 3840 sau 2160, wato 8,294,400, ninki huɗu cif na 1080p. Shi allon, adadin ɗigonsa ba ya canzawa, yadda aka ƙera shi haka yake har ya mutu. Duk hoton da ka turo masa, dole a shimfiɗa shi ko a matse shi ya dace da waɗannan ɗigon.

To a nan ne talla take yi mana rufa-rufa, domin lambobi uku ne a cikin maganar, ita kuma ɗaya take faɗa. Akwai adadin ɗigon da gem ɗin yake zanawa da kansa a cikin na'ura. Akwai adadin da na'urar take turowa ta wayar HDMI. Sannan akwai adadin da allon yake da shi. Idan ka duba saitin monitarka ka ga ta rubuta 3840 x 2160, lamba ta biyu kawai ta gaya maka. Ba ta san me ya faru a ciki ba kafin hoton ya iso gare ta.

Abin da ke faruwa a ciki kuwa yana da ban mamaki. Masu binciken Digital Foundry, waɗanda aikinsu ke nan ƙirga ɗigon hoto a gefen abubuwa, sun nuna cewa Returnal na 2021 yana fara zana hotonsa ne a kusan 1080p, sannan a bi matakai a gina shi har ya kai 4K. Immortals of Aveum na 2023 ya fito a PS5 da Xbox Series X yana zana 720p a ciki, fasahar FSR 2 ta kamfanin AMD ce take miƙe shi zuwa 4K. Final Fantasy XVI, idan ka zaɓi saitin da ya fifita sauri, yakan gangara har wajen 720p lokacin faɗa. Ka duba fa: 720p ɗigo 921,600 ne, kashi ɗaya cikin tara na 4K. Wato a cikin kowane ɗigo tara da kake gani, ɗaya ne aka zana sabo a wannan hoton, sauran takwas cike gurbi ne da lissafi da kuma aro daga hotunan da suka gabata.

Ban ce wannan zamba ba ce. Dabara ce mai ma'ana, kuma ta daɗe. Tun PS4 Pro ta 2016 ake zana rabin ɗigon a jere irin na allon dara, a ƙarasa sauran da kintace. Dalilin shi ne lokaci. Gem mai nuna hoto 60 a daƙiƙa yana da kashi ɗaya cikin 60 na daƙiƙa, kimanin milisakan 16.7, ya gama kowane hoto: haske, inuwa, hayaƙi, gashin kan ɗan wasa, komai. A hoto 120 lokacin ya koma 8.3. Cikakken 4K a hoto 60 yana nufin ɗigo kusan miliyan 498 kowace daƙiƙa. Ƙarfin na'ura kuwa ba ya ƙaruwa, don haka mai haɗa gem dole ya zaɓa: ko yawan ɗigo, ko kyawun haske, ko sauri. Yawancinsu ma sukan bar adadin ɗigon yana hawa yana sauka gwargwadon nauyin abin da ke kan allo. Zaɓin ba laifi ba ne. Laifin shi ne ba sa faɗa. Ka shiga saitin gem, sau da yawa za ka ga an ce ka zaɓi inganci ko sauri, babu ainihin lambar da ake zanawa. Wanda ke wasa a kwamfuta yana ganin lambar da idonsa, har ya sauya ta yadda yake so. Mai na'urar wasa sai ya jira wasu a YouTube su ƙirga masa.

Me ya sa wannan ya fi damun mai monita fiye da mai talabijin? Amsar tana cikin ido. Ma'aunin da likitocin ido suke kira lafiyayyen gani yana nufin mutum ya iya rarrabe abu mai faɗin kashi ɗaya cikin 60 na digiri. Wasu idanun sun fi haka kaifi, amma bari mu riƙe wannan a matsayin mizani. Idan ka ninka faɗin ɗigo ɗaya sau 3,438, za ka sami nisan da ɗigon yake fara ɓacewa daga ido. A talabijin mai inci 55, ɗigon 1080p faɗinsa kusan milimita 0.63 ne, nisan ya kama mita 2.2. Ɗigon 4K rabin haka ne, nisan mita 1.1. Ma'ana, wanda ya kishingiɗa a kujera mita biyu da rabi daga talabijin, da ƙyar zai bambance cikakken 4K da hoton da aka miƙe daga 1080p. Nisa yana rufa wa hoton asiri.

Mai monita fa? Fuskarsa tana nan santimita 60 zuwa 80 daga allo. A monita mai inci 27, ɗigon 1080p ba ya ɓacewa sai ka ja baya fiye da mita ɗaya, don haka a kan tebur za ka ga gefen haruffa kamar haƙoran zarto. Ɗigon 1440p yana ɓacewa a kusan santimita 80, na 4K a kusan 54. Ka ga ke nan 1440p a inci 27 ba tsautsayi ba ne ya sa ya karɓu: ya faɗo daidai bakin iyakar ido a zaman tebur, kuma bai kai rabin nauyin 4K ba. Hasali ma 1440p a hoto 120 yana buƙatar ɗigo miliyan 442 a daƙiƙa, ƙasa da 4K a hoto 60. A ganina wannan ita ce lambar da ta fi dacewa da ƙarfin waɗannan na'urorin tun farko, kuma gem da yawa a can ciki kusa da ita suke zanawa. Ita ce kuma lambar da Sony ta bari a baya, saboda babu talabijin mai 1440p a kasuwa, ita kuwa falo take kallo, ba tebur ba.

Akwai wani ƙarin ciwo da masu irin wannan monitar suka sha kafin 2022, kuma har yau mai Nintendo Switch ta farko yana shan sa, tunda ita 1080p ce iyakarta. Idan aka tura 1080p zuwa allon 4K, lissafin yana tafiya sumul: kowane ɗigo ɗaya zai iya zama huɗu, biyu a kwance biyu a tsaye. Amma 1440 raba 1080 ɗaya ne da sulusi. Ɗigo uku ne za su cike gurbin huɗu, ba yadda za a yi su zauna daidai, dole a gauraya launin maƙwabta. Sakamakon shi ne hoto ya yi dishi-dishi, musamman rubutu. Abin haushin, monita mai 1080p ta gaskiya, mai arha, takan nuna wannan hoton da kaifi fiye da mai 1440p da aka saya da tsada. Ga shi kuma na'urar miƙa hoto da ke cikin yawancin monitoci ba ta kai ta talabijin kyau ba, domin an ƙera su ne da zaton kwamfuta za ta riƙa turo musu daidai adadinsu.

Kada kuma a ɗauka Xbox ta fita fes. Ta riga kowa karɓar 1440p, ta kuma karɓi FreeSync, fasahar da ke sa allo ya bi saurin gem don kada hoto ya riƙa yagewa a tsakiya. Amma idan ka saita ta a 1440p, HDR ba ya aiki, sai monitar ta iya karɓar siginar 4K. PS5 tana ba da HDR a 1440p, sai dai ita kuma ba ta jin yaren FreeSync irin na tsofaffin monitoci, sai irin daidaita saurin da ke cikin ƙa'idar HDMI 2.1. Shi ma sai a Afrilun 2022 ya zo, kuma bai haɗu da 1440p ba sai a Maris na 2023. Kowace ta ba ka da hannun dama ta karɓe da na hagu. Monita mai faɗi sosai, irin mai 3440 sau 1440, ita kam babu wadda ta san da zamanta a cikinsu: ko ka sami baƙin gefe hagu da dama, ko hoto ya miƙe mutane su yi ƙiba. Death Stranding Director's Cut yana da saitin hoto mai faɗi a PS5, amma a cikin siginar 16:9 yake, da baƙin layi sama da ƙasa.

Masu ƙera monita su ma suna da nasu kason, kuma ni nasu ya fi ba ni haushi. Za ka ga an rubuta 165Hz da manyan baƙi a kwali, amma sau da yawa ta ƙofar DisplayPort ne kawai ake samun wannan saurin, ƙofar da babu ita a PS5 ko Xbox. Ƙofar HDMI da ke gefenta tana iya zama tsohuwa. HDMI 2.0 tana ɗaukar gigabit 18 a daƙiƙa, wanda ya isa 4K a hoto 60 ko 1440p a hoto 120, amma bai isa cikakken 4K a 120 ba. HDMI 2.1 tana iya kaiwa 48. Da a nan maganar ta tsaya, da sai mu ce kowa ya duba lambar ƙofa. Amma a ƙarshen 2021 ta fito fili cewa hukumar da ke ba da lasisin HDMI ta daina amfani da sunan 2.0, ta kuma yarda a kira ƙofa 2.1 ko da ba ta da ko ɗaya daga cikin sababbin abubuwan. Wato lambar da ya kamata ta raba gardama ita ma ta zama abin gardama. Mai saye, musamman wanda zai ɗauki monita ta hannu a kasuwa babu takarda babu kwali, me zai kama?

Abu ɗaya da zan yaba wa kamfanonin biyu shi ne sun sa wurin gwaji a cikin saiti. Duk monita tana ɗauke da ɗan bayanin kanta, ana kiransa EDID, wanda take miƙa wa na'ura da zarar an jona waya: ga adadin ɗigon da nake karɓa, ga saurin da nake iyawa. Xbox tana da shafin da ke jera abin da allonka ya iya da wanda bai iya ba, PS5 kuma tana da gwajin 1440p da shafin bayanin siginar da take fitarwa. Waɗannan shafukan sun fi kwali gaskiya nesa ba kusa ba. Idan da hali, a jona monitar da na'urar a buɗe su kafin a biya kuɗi. Idan monitar mai 1440p ce kuma tana karɓar siginar 4K ta matse da kanta, a gwada hanyoyin biyu a kan gem mai yawan rubutu, domin matsewar da na'urar wasa take yi da wadda monita take yi ba lallai su zo ɗaya ba.

Har yanzu dai waɗannan shafukan lamba ta biyu da ta uku suke nunawa. Ta farko, wadda gem yake zanawa, tana ɓoye, kuma da zuwan PSSR a PS5 Pro, wadda ke amfani da ƙirƙirarriyar basira wajen cike gurbin ɗigo, ƙirga ta daga waje sai ƙara wuya yake yi. Na'urar ta san lambar a kowane hoto, tunda ita take hawa da sauka da ita. Nuna ta a kusurwar allo ga wanda ya nema, kamar yadda ake nuna yawan hoto a daƙiƙa a kwamfuta, ba aikin da zai gagari Sony ko Microsoft ba ne.