Pat Nebo: Magini Kuma Ɗan Wasa

Idan aka tashi yabon fim a ƙasar nan, galibi 'yan wasa da darakta ake ambata, a manta da wanda ya gina duniyar da labarin yake gudana a cikinta. Marigayi Pat Nebo, wanda ya rasu a shekarar 2023, yana cikin irin waɗannan magina, domin shi ne ya tsara dandalin finafinai irin su The Figurine (2009) da October 1 (2014) na Kunle Afolayan, da kuma '76 (2016) na Izu Ojukwu.

A October 1, inda marigayi Sadiq Daba ya fito a matsayin Sufeto Danladi Waziri, aikin Nebo shi ne ya mayar da mai kallo shekarar 1960, dab da samun 'yancin kai. Tsofaffin motoci da kayan ofis da fasalin gidaje duk sun ba da shaida tun kafin ɗan wasa ya buɗe baki. A '76 kuwa, wanda ya shafi yunƙurin juyin mulkin da aka kashe Janar Murtala Muhammed a ciki, ranar 13 ga Fabrairu, 1976, ya sake gina rayuwar barikin soja, kuma ya fito da kansa a matsayin Kanar Aliu.

A nawa ganin, fitowar tasa gaban kyamara ba ta kai nauyin aikinsa na bayan fage ba, amma ta nuna wani abu: wanda ya san dalilin ajiye kowace kujera a ɗaki, ba ya zama baƙo idan ya shiga cikinsa. Sai dai akwai ɗan ƙorafi. Wani lokaci tsaftar kayan da kyawun jerinsu sukan yi yawa, har wurin ya yi kama da gidan adana kayan tarihi, alhali gidan da mutane ke zaune ba ya rasa ƙura da tarkace.

Darasin da ke nan ga marubutanmu da masu shirya finafinan Hausa shi ne, wuri ma ɗan wasa ne. Muddin falo ɗaya zai zama gidan attajiri yau, gobe gidan malamin makaranta, to mai kallo ba zai gaskata hawayen da ake zubarwa a cikinsa ba.