An wanke "Ready to Die", an kuma rage masa gishiri

Mai karatu, in ka ga an rubuta a bangon faifai wai an sabunta sauti, kada ka yi saurin zaro kuɗinka. Duba "Ready to Die" na Notorious B.I.G., wanda kamfanin Bad Boy ya fitar a 1994. A 2004, shekara 7 bayan an harbe mawaƙin a Los Angeles, aka sake fito da shi a wanke, har da gyaran waƙoƙi biyu, ciki da "Who Shot Ya?". Ganga ta ƙara nauyi, murya ta fito tar. To, madalla.

Sai dai a 2006 wata kotu a Nashville ta samu cewa an ɗebi gutsuren kiɗan Ohio Players ba da izini ba, an saka a waƙar da faifan ya ci sunanta. Alƙali ya hana sayarwa. Da faifan ya dawo kasuwa, gutsuren ya yi layar zana. Shi kuwa kiɗan hip-hop na wancan zamani da irin waɗannan gutsattsarin ake haɗa shi, su ne daddawar miyar. Wanda ya san waƙar tun asali, kunnensa zai gaya masa akwai giɓi.

Ni dai shawarata, in da hali, nemi bugun 1994, ko da tsohon kaset ne mai shuu.