Ganau da Gaba a Kotun Ɗaukaka Ƙara

Duk ranar da kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin kisa, maganar da ake ji a gari ɗaya ce: "An gan shi da ido, kowa kuma ya san akwai gaba tsakaninsu, me alƙalai suke nema kuma?" Ban yarda da wannan ƙorafi ba. Tsantsenin da ake zargin alƙalai da shi, a ganina, shi ne mafi daraja a aikinsu.

Tarihin abin gajere ne. A Landan an ɗaure Adolf Beck a 1896 bisa shaidar mata da dama da suka rantse shi ya damfare su. Aka sake kama shi da laifi a 1904, sannan ainihin ɗan damfarar ya bayyana. Wannan abin kunya na cikin dalilan kafa kotun ɗaukaka ƙarar manyan laifuka a Ingila a 1907. A 1976, a shari'ar Turnbull, aka tsara tambayoyin da ake auna ganau da su, Kotun Ƙolin Najeriya kuma ta sha aiki da su, ciki har da shari'ar Ikemson ta 1989.

Tambayoyin nan su ne zuciyar lamarin. A ɗauki misali: an kashe manomi da dare a ƙofar gidansa, ƙanensa ya ce ya ga maharin. Alƙalin ɗaukaka ƙara bai ga fuskar shaidan ba, takarda ce kawai a gabansa, shi ya sa ba ya gaggawar taɓa abin da alƙalin farko ya gaskata. Amma takardar na magana. Tsawon wane lokaci ya kalli maharin, ƙiftawar ido ko minti biyar? Daga wane nisa? Farin wata ne, ko tocila, ko duhu? Tocilar a hannun wa take? Idan a hannun maharin take, idon shaida ta haske, ba fuskar mai ita ba. Akwai katanga ko ɗauri a fuska? Ya san shi a da, kuma yaya zurfin sanin?

Tambayar da na fi so ita ce ta ƙarshe: me ya fara faɗa wa 'yan sanda? Wanda ya gane makashin ɗan'uwansa zai ambaci sunansa tun kafin a ɗauke gawa. Idan bayanin farko ya ce "wasu mutane," suna bai fito ba sai bayan sadakar bakwai, to zaman makoki ya shiga tsakanin ido da baki. Ba ƙarya ake zargin shaidan da ita ba. Mutum kan yi kuskure yana mai gaskiya, hawayensa ma su ƙara wa kuskuren ƙarfi. Kama da wane ba ta wane. A Amurka, cikin mutum 375 da gwajin ƙwayoyin halitta ya wanke, kusan kashi 70 cikin 100 kuskuren ganau na cikin abin da ya ɗaure su.

Masu cewa wannan dabarar lauyoyi ce ta kuɓutar da masu laifi ba su duba dokar ba. Sashe na 200 na Dokar Shaida ta Najeriya ta 2011 bai gindaya adadin shaidu ba: ganau ɗaya tak, idan ya tsallake tambayoyin nan, ya isa a tabbatar da hukunci.

Sai batun gaba. Sashe na 221 na dokar hukunta laifuka ta Penal Code yana neman a tabbatar mutum ya mutu, aikin wanda ake tuhuma ne ya kashe shi, kuma da niyya ya yi ko da sanin mutuwa ce za ta biyo baya. Bai nemi dalilin kisan ba. Idan ganau ya tsaya da ƙafarsa, rashin sanin dalili ba ya rushe shari'a. Idan ya yi rauni, dalili ba ya tallafe shi, domin masu jin haushin mutum sun fi masu kashe shi yawa.

Abin da na daɗe ina nanatawa shi ne, gaba wuƙa ce mai baki biyu. Rikicin gonar da ake cewa ya tura wanda ake tuhuma ga kisa, shi ne kuma ya sa fuskarsa ta fara faɗowa a ran shaida cikin duhu. Malaman Malikiyya sun riga Turnbull gane haka da ƙarnuka: sun ƙi shaidar maƙiyi a kan maƙiyinsa, sun kuma wajabta tazkiyyar shaidu kafin a zubar da jini da bakinsu. Alƙalin da ya tsaya yana tambayar inda tocila take, a kan wannan turba yake. Idan aka rataye wanda bai ji ba bai gani ba, iyalan mamaci ba su sami haƙƙinsu ba, makashin kuma yana nan cikin gari.